Stephen Keshi: Haifaffen Azare da ya ciyo wa Najeriya kofin Afirka sau biyu, aka sallame shi kamar baƙo

A daren Lahadi, 10 ga Fabrairu, 2013, gidajen kallon ƙwallo sun cika maƙil, tun daga Legas har Gummi da Anka da Bukkuyum. A minti na 40 Sunday Mba ya ɗaga ƙwallo ta saman ɗan wasan bayan Burkina Faso, ya tare ta kafin ta taɓa ƙasa, ya ɗirka ta a raga. Da wannan ƙwallo ɗaya Najeriya ta ɗauki kofin nahiyar Afirka a Johannesburg, bayan shekara 19 tana jira.

Washegari, tun 'yan wasa ba su baro Afirka ta Kudu ba, kocin da ya jagorance su ya shaida wa wani gidan rediyon ƙasar cewa ya ajiye aiki. Dalilinsa shi ne hukumar ƙwallon ƙafa ta Najeriya, NFF, ba ta mutunta shi ba, kuma tun ana tsakiyar gasa ta fara shirin sallamarsa. Sai da ministan wasanni na lokacin, Bolaji Abdullahi, ya zauna da shi kafin ya janye.

Waɗannan kwana biyu sun tattare rayuwar Stephen Okechukwu Keshi kusan gaba ɗaya. Sama da shekara 30 ya yi yana kawo nasara, hukuma na saka masa da dakatarwa ko bashin albashi ko takardar kora, shi kuma bai taɓa iya sunkuyar da kai ba.

Daga Azare zuwa Legas

An haifi Keshi a ranar 23 ga Janairu, 1962, a Azare ta ƙasar Katagum, lokacin ana Jihar Arewa, shekara 14 kafin a ƙirƙiro Jihar Bauchi. Iyayensa mutanen Illah ne, wani gari a Jihar Delta ta yanzu. A Legas ya tashi, ya yi sakandare a St Finbarr's da ke Akoka, makarantar da wani limamin Katolika ɗan ƙasar Ailan, Denis Slattery, ya kafa, wadda ta yi suna wajen yaye 'yan ƙwallo. A zamanin nan gasar makarantun sakandare ce rumbun da manyan ƙungiyoyi ke ɗiban matasa.

A 1979 ya fara buga wa ACB ta Legas, bayan shekara ɗaya ya koma New Nigeria Bank ta birnin Benin. Ƙungiyoyin bankuna da na kamfanoni ne ke riƙe da ƙwallon Najeriya a lokacin, ɗan wasa kuma ma'aikaci ne mai albashi. Da wannan ƙungiya ya ci kofin Afirka ta Yamma na WAFU sau biyu a jere, a 1983 da 1984.

Ɗan wasan baya ne na tsakiya, ƙaƙƙarfa, mai ƙarfin harbi daga nesa da iya doguwar jifa. Amma abin da ya fi fito da shi shi ne murya: yana tsaye a baya yana tsara kowa, har waɗanda suka girme shi. A 1981 ya fara saka rigar Najeriya. A 1984, yana da shekara 22, shi ne kyaftin ɗin da ya kai ƙasar wasan ƙarshe na kofin Afirka a Abidjan, inda Kamaru ta yi nasara da ci 3 da 1.

Horon da ya zama gobarar Titi

A 1985, zamanin da gwamnatin soja ta Janar Muhammadu Buhari ke yaƙi da rashin ɗa'a, hukumar ƙwallo tana hannun wani hafsan sojan sama, Anthony Ikazoboh. Keshi da wasu abokan wasansa, ciki har da Henry Nwosu, sun isa sansanin ƙungiyar ƙasa a makare, hukuma ta dakatar da su daga wasa. An yi nufin karya lagon matashin kyaftin, sai abin ya zame masa gobarar Titi. Ya tsallaka Kwaddibuwa, ya buga wa Stade d'Abidjan, sannan Africa Sports, daga nan Lokeren ta Beljiyam ta ɗauke shi a 1986.

Shekara huɗun da ya yi a Anderlecht, daga 1987 zuwa 1991, su ne ganiyar wasansa. Ya ci kofin Beljiyam a 1988 da 1989, ya ci gasar lig a 1991, kuma ya buga wasan ƙarshe na kofin zakarun kofunan Turai a 1990, wanda Sampdoria ta Italiya ta ci da ƙwallo biyu na Gianluca Vialli a ƙarin lokaci. Daga nan ya koma Strasbourg ta Faransa, ya taimaka mata ta hau rukunin farko a 1992.

Tafiyarsa ta zo daidai da lokacin da tsarin tsuke bakin aljihu na gwamnatin Babangida ya karya darajar naira, albashin ƙungiyoyin gida ya daina riƙe iyali. Beljiyam ta zama ƙofar shiga Turai. Augustine Eguavoen da Peter Rufai da Samson Siasia da Victor Ikpeba da Sunday Oliseh duk ta can suka bi, haka ma Daniel Amokachi, wanda ya bar Ranchers Bees ta Kaduna zuwa Club Brugge a 1990. Gidan Keshi ya zama masaukin baƙi, shi ke nuna hanya, shi ke magana da ƙungiyoyi a madadin sababbin zuwa. Daga nan laƙabin Big Boss, wato babban oga, ya manne masa.

Wannan taimako yana da gefen da ba a cika faɗa ba. Nii Lamptey, ɗan Ghana da ya yi fice a gasar matasa ta duniya a 1989, ya sha bayar da labarin yadda aka fitar da shi daga ƙasarsa a ɓoye zuwa Najeriya, ya shiga Beljiyam da fasfo mai nuna cewa shi ɗan Keshi ne, yana ɗan shekara 14. Lamptey ya riƙi Keshi a matsayin uba, bai taɓa zarginsa ba. Duk da haka, hanyar da aka bi ita ce irin wadda dillalan 'yan wasa suka mayar sana'a daga baya, har yaran Afirka da dama suka ƙare a titunan Turai ba ƙungiya ba takarda.

Kyaftin ɗin 1994

Najeriya ta sake kaiwa wasan ƙarshe a 1988 a Maroko, Kamaru ta sake doke ta da bugun fenariti ɗaya. Da Clemens Westerhof, ɗan ƙasar Holan, ya karɓi ƙungiyar a 1989, ya gane cewa ba zai iya riƙe ta ba sai ta hannun Keshi. Kyaftin ɗin ne ke tsayawa tsakanin 'yan wasa da hukuma kan alawus da tikitin jirgi da masauki. Masu sukarsa sun ce ya kafa gungu a cikin ƙungiya, wanda ba ya cikin gungun ba ya samun riga. Masu kare shi sun ce ba don wannan haɗin kai ba, da hukuma ta ci gaba da cinye haƙƙin 'yan wasa ɗaya bayan ɗaya.

A ranar 8 ga Oktoba, 1993, Najeriya ta tashi 1 da 1 da Aljeriya a birnin Aljas, ta samu gurbin zuwa gasar cin kofin duniya karo na farko a tarihinta. A Afrilun 1994 ta doke Zambiya 2 da 1 a Tunis da ƙwallo biyu na Emmanuel Amunike, Zambiyar da shekara ɗaya kafin nan ta rasa kusan dukkan 'yan wasanta a haɗarin jirgin sama a gaɓar tekun Gabon. Rauni ya riga ya ci ƙarfin Keshi. Eguavoen ne ya jagoranci 'yan wasa a fili a ranar, amma Keshi ne ya ɗaga kofin. A Amurka wasa ɗaya ya buga, wanda aka doke Girka 2 da nema. Ya bar ƙungiyar ƙasa da wasa 64 da ƙwallo 9.

Gwamnatin Janar Sani Abacha ta yi wa 'yan wasan 1994 alkawarin gidaje. Kaɗan daga cikinsu ne suka samu a lokacin.

Kura da shan bugu

Bayan ya ƙarasa wasa a Amurka da Malesiya, Keshi ya koyi aikin horarwa, ya dawo gida. Farkon aikinsa bai yi armashi ba: ƙungiyar 'yan ƙasa da shekara 20 da ya jagoranta ta fita tun zagayen farko a gasar Afirka ta 2001 a Habasha. A babbar ƙungiya kuwa, shi ne mataimakin Shu'aibu Amodu lokacin da suka ceto yunƙurin zuwa gasar duniya ta 2002 da ya kusa sulluɓewa. Sun samo gurbi, suka zo na uku a kofin Afirka a Mali, aka kore su 'yan watanni kafin a tafi Koriya da Japan. Festus Onigbinde aka miƙa wa ƙungiyar.

Togo ce ta ba shi aiki a 2004, ƙaramar ƙasar da ba ta taɓa leƙa gasar duniya ba, a rukunin da ke da Senegal, wadda ta kai zagayen 'yan takwas a 2002. A ranar 8 ga Oktoba, 2005, Togo ta doke Kongo 3 da 2 a Brazzaville, ta samu gurbi. A wannan rana ce Najeriya ta rasa nata gurbin a hannun Angola, sakamakon kunnen doki 1 da 1 da suka yi a filin wasa na Sani Abacha da ke Kano a watan Yunin shekarar. Ƙasar da ta kori Keshi ta zauna a gida, shi kuma hukumar ƙwallon Afirka, CAF, ta zaɓe shi gwarzon kocin nahiyar na 2005.

Murnar ba ta daɗe ba. A kofin Afirka na 2006 a Masar, Togo ta sha kashi a wasanninta uku, kuma Keshi ya yi faɗa a bainar jama'a da tauraron ƙungiyar, Emmanuel Adebayor. Aka sallame shi, aka ɗauko Bajamushe Otto Pfister ya tafi da ƙungiyar Jamus. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. A can ma rigimar alawus ta ɓarke, Pfister ya ajiye aiki ana gab da wasan farko, ya dawo, Togo ta sha kashi a wasanni ukun duka.

Keshi ya sake riƙe Togo, sannan ya karɓi Mali a 2008. A wasan buɗe gasar Afirka ta 2010 a Luwanda, Angola na gaba da ci 4 da nema saura kimanin minti 11 a tashi, Mali ta farke duka huɗun. Amma ba ta wuce zagayen farko ba, nan ma aka sallame shi.

Caca da 'yan gida

A Nuwamban 2011, bayan Najeriya ta kasa samun gurbin kofin Afirka na 2012 a hannun Samson Siasia, hukumar NFF ƙarƙashin Aminu Maigari ta ba Keshi aikin da ya daɗe yana nema. Abin da ya fara yi shi ne tara 'yan wasan lig ɗin gida a sansani na makonni, waɗanda kocin baya ke kira don cika lissafi kawai. Da lokacin tafiya Afirka ta Kudu ya yi, ya ajiye manyan sunaye irin su Peter Odemwingie da Obafemi Martins, ya ɗauki 'yan gida shida, ciki har da Sunday Mba da Godfrey Oboabona da Reuben Gabriel na Kano Pillars. Jaridu suka yi masa caa.

Ana gab da gasar ya ƙara jawo wa kansa magana, da ya ce yawancin Turawan da ake ɗaukowa horar da ƙungiyoyin Afirka kuɗi ne ke kawo su, kuma babu abin da suke yi da ɗan ƙasa ba zai iya ba. Ya bayyana cewa ba da ƙwararren Bature yake faɗa ba. Kokensa shi ne Bature ana ba shi shekara ya zauna ya gina ƙungiya, ɗan gida kuwa wasa biyu ake ba shi.

Wasa biyun farko kuwa kunnen doki suka tashi, 1 da 1 da Burkina Faso, 1 da 1 da Zambiya. Fenariti biyu na Victor Moses a kan Habasha ne suka fitar da Najeriya daga rukuni. A gaba ga Kwaddibuwa ta su Didier Drogba da Yaya Toure, wadda kowa ya ba kofin. Keshi ya yi zargin cewa jami'ai sun riga sun shirya tikitin komawa gida kafin a buga wasan. A Rustenburg Emmanuel Emenike ya ci ta farko, Mba ɗan lig ɗin gida ya ci ta biyu, aka tashi 2 da 1. Mali ta sha 4 da 1 a Durban, Ahmed Musa, tsohon ɗan Kano Pillars, ya ci ta huɗun. Ranar da aka ɗaga kofi, Keshi ya zama mutum na biyu, bayan Mahmud El-Gohary na Masar, da ya ci kofin Afirka yana ɗan wasa ya kuma ci yana koci.

Shugaba Goodluck Jonathan ya ba shi lambar girmamawa ta CON da kyautar kuɗi. A watan Oktoban shekarar, kocin da ke riƙe da kofin Afirka ya fito ya ce wata bakwai ke nan ba a biya shi albashi ba. Kafin nan, a watan Yuni, 'yan wasansa sun ƙi hawa jirgi a Namibiya zuwa Brazil saboda hukuma ta rage musu alawus.

A cikin wannan hali ya doke Habasha gida da waje, ya kai Najeriya gasar duniya. A Janairun 2014 ya tafi da 'yan lig ɗin gida zalla gasar CHAN, cikinsu akwai Rabi'u Ali da Shehu Abdullahi ɗan Sakkwato, dukansu na Kano Pillars. Maroko ta ci su 3 da nema kafin hutun rabin lokaci, suka dawo suka ci 4 da 3, suka ƙare a matsayi na uku.

Brazil da rikicin kujera

A karo na uku da ya taimaka wa wata ƙasa samun gurbin gasar duniya a matsayin mai horarwa, an bar shi ya je. Ya yi sulhu da Odemwingie, wanda ya ci ƙwallon da aka doke Bosniya da ita. Amma ya bar Sunday Mba a gida, bayan ya isa sansani a makare, laifin da aka dakatar da shi kansa Keshi a kai shekara 29 kafin nan. Ahmed Musa ya ci Ajantina biyu a wasan da aka tashi 3 da 2, Najeriya ta shiga zagayen 'yan 16 karo na farko tun 1998. 'Yan wasa suka ƙaurace wa atisaye kan kuɗi kwanaki kaɗan kafin haɗuwa da Faransa, wadda ta fitar da su 2 da nema a ranar 30 ga Yuni.

Abin da ya biyo baya ba ƙwallo ba ne, siyasa ce. Wata kotu a Jos ta dakatar da shugabannin NFF, FIFA ta dakatar da Najeriya na kwana tara a watan Yuli saboda katsalandan ɗin gwamnati, ɓangaren Chris Giwa da na Amaju Pinnick suka shiga ja-in-ja kan kujera. Keshi ya ci gaba da aiki ba kwantiragi. Kongo ta doke Najeriya 3 da 2 a Kalaba, Sudan ta doke ta a Khartoum. A tsakiyar Oktoba sabuwar hukumar Pinnick ta sallame shi, bayan mako biyu fadar shugaban ƙasa ta sa baki aka mayar da shi. Kunnen doki 2 da 2 da Afirka ta Kudu a Uyo ya hana mai riƙe da kofi zuwa kare kofinsa a 2015.

A nan Keshi ma yana da nasa laifin. Mutumin da ya yi shekaru yana kukan rashin tsari ya koyi cewa hanyar da ta fi sauri ita ce ta tsallake hukuma zuwa wurin minista ko shugaban ƙasa. Wannan ya cece shi a 2013 da 2014, amma ya ɗaure aikinsa da rayuwar gwamnati. A Afrilun 2015 ya sa hannu a kwantiragin shekara biyu. Jonathan ya sauka a ƙarshen Mayu. A farkon Yuli NFF ta kore shi, bayan sunansa ya fito a jerin masu neman aikin horar da Kwaddibuwa, abin da ya musanta cewa da saninsa aka yi.

Ƙarshe

Matarsa Kate ta rasu a Disamban 2015 bayan fama da ciwon daji, ta bar shi da 'ya'ya huɗu. Wata shida bayan haka, a daren 7 ga Yuni, 2016, Keshi ya rasu a birnin Benin yana da shekara 54, bisa abin da ake kyautata zaton bugun zuciya ne. Bayan kwana uku, a wannan birni, Shu'aibu Amodu ya bi shi, mutumin da ya samo wa Najeriya gurbin gasar duniya a 2002 da 2010, aka hana shi zuwa duka biyun. An binne Keshi a Illah a ƙarshen watan Yuli. A watan Agusta NFF ta naɗa Bajamushe Gernot Rohr, wanda ya riƙe ƙungiyar sama da shekara biyar, dogon lokacin da Keshi bai taɓa samu ba.

Hujjarsa a kan kocin gida ta tabbata a bayansa. Djamel Belmadi ya ci kofin Afirka da Aljeriya a 2019, Aliou Cisse ya ci da Senegal a 2022 bayan an bar shi kusan shekara bakwai yana gini, kuma a gasar duniya ta Qatar dukkan ƙasashen Afirka biyar 'yan ƙasa ne suka jagorance su. A Fabrairun 2024 Emerse Fae, ɗan Kwaddibuwa da aka miƙa wa ƙungiya ana tsakiyar gasa, ya doke Najeriya a wasan ƙarshe a Abidjan, lokacin tana hannun wani koci ɗan Portugal.

An sa sunan Keshi a filin wasa na Asaba. A watan Yunin 2021, Shugaba Muhammadu Buhari, wanda a zamanin mulkinsa na soja aka dakatar da matashin kyaftin, ya amince a ba ragowar 'yan wasan 1994 gidajen da aka yi musu alkawari shekara 27 da suka wuce. A jerin sunayen da fadar shugaban ƙasa ta fitar akwai mutum huɗu da aka rubuta marigayi a gaban sunansu: Wilfred Agbonavbare da Uche Okafor da Thompson Oliha da Stephen Keshi.